Wadda Za Ta Ja Gaban Lefenka

Bukkuyum,
ranar Lahadi, bayan la'asar.

Zuwa ga ɗana Bashiru,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ka da kyau, ina fatan takardar nan ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da abokan aikinka da yaran da kake koyarwa a Gummi. Allah ya tsare min kai a gida da hanya, ya raba ka da mugun ji da mugun gani. Mu nan lafiya ƙalau, babanka yana gaishe ka. Ba wani labari da zan cika takarda da shi, magana ce da ni.

Na san za ka ce me ya hana Inna ta kira waya. Wayar taku ce ba ta barin mutum ya kai ƙarshen zance. Ina cewa Bashiru, kana cewa Inna zan shiga aji. Shi ya sa na yago tsakiyar littafin ƙanwarka na zauna da biro. Rubutun ajin yaƙi da jahilci ne, ka yi haƙuri da shi, kuma kada ka sa min jan biro kamar na ɗalibanka.

Da fari ka sani raina fari ne ƙal da auren nan. Maryama ta kwanta min tun ranar da na je gidansu na gan ta. Tana da kunya, amma ba irin kunyar da ke hana mutum amsa tambaya ba, kuma na lura da yadda take wa kakarta magana. Ka iya zaɓe, ban san inda ka koyo ba, don lokacin da kake gida ko hula ba ka iya zaɓa sai an taya ka. Tun da aka sa rana nake jin kaina sakayau. Za ka kafa gidanka a Gummi, ka bar ɗakin zaure da ka cika min da takardu, kuma na yarda da hakan da zuciya ɗaya.

Abu guda ne ya tsaya min a wuya. Ranar da ka karanto min sunayen matan da za su kai lefe, na saurara har ƙarshe ban ji Goggo Kulu ba. Da na tambaya sai ka ce, “Inna, Goggo ta tsuhwa, ga hanya ba daɗi. Sai in tura katin gayyata ga wayal Luba ɗiyatta ta nuna mata.” Na ce maka to, muka yi sallama. Wannan to ɗin ba yarda ba ce, bakina ne ya mutu, don na ji maganata ta shekara tara da suka wuce tana fitowa daga bakin ɗana. Goggo Kulu ita ce yayar babanka, ita ta goye shi bayan rasuwar mahaifiyarsu, kuma a gidan nan ba wadda ta kai ta cancantar ta ja gaban lefenka. Ina so ka je wurinta Anka da ƙafarka, da goro a hannu, ka roƙe ta. Kafin ka ce na cika son wahalar da mutum, bari in ba ka labarin bikin yayanka, wanda ka gani da idon yaro, ba ka san abin da ke ƙasa ba.

Bikin ɗan fari ne, kaina ya ɗau zafi. Gidan da zai auro a Anka gidan masu hali ne, matansu sun yi boko, wasu sun je Makka. Tun da na ji haka na sa wa raina sai na nuna musu mu ma a Bukkuyum ba a baya muke ba. Duk kuskuren da na yi a bikin nan daga wannan tunanin ya fito.

Na fara da ranar kai lefe. Ni na tsayar da ita, ban shawarci kowa ba, don kawai ta yi daidai da ranar da ƙawayena suka ce suna da sarari. Ashe ranar kasuwa ce. Motocin da na sa rai da su duk sun yi lodin buhuna da awaki tun da sassafe, direban da ya yi min alkawari ya aiko a ce in yi haƙuri. Da ƙyar aka samo ƙaramar bas guda ɗaya, akwatuna suka cinye rabinta. Don haka kai ka ɗauki kalanda ka zauna da wanda ya san kasuwannin yankin nan, ka duba ranar lefe da ranar ɗaurin aure da ranar ɗauko amarya. Ka yi magana da direba biyu, ko da ɗaya kake buƙata. Kuma kowace tafiya a yi ta da rana tsaka, a fita da hantsi a dawo kafin la'asar, ban da shelar lokacin tashi ga duk wanda ya tambaya. Ka san halin da hanyoyinmu suke ciki, ba sai na tsawaita ba.

Sai kayan lefen kansu. Na shiga kasuwa da rawar kai, in na ga atamfa mai ɗaukar ido sai in ce a sa min. Ko turmi ɗaya ban warware ba. Mai shagon ya san ni, na ji nauyin in tsaya ina bincike kamar ban yarda da shi ba. Na kawo gida na jera a akwati yadda suke a naɗe, na rufe, ina ta yaba kaina. Riƙe wannan, za ka ji inda ya kai ni.

Ana gobe tafiya Goggo Kulu ta iso daga ƙauyensu na wajen Zugu, lokacin ba su taso daga can ba. A bayan mashin ta zo, da ƙwaryar man shanu a cinya, ƙafafunta ja wur da lalle. Ba wanda ya aika mata ta zo kai lefe, don a saninta ba a aika wa goggon ango, wurinta ne. Da safe na fito na same ta ta yi wanka, ta ɗaura zanenta na fita. Wankakke ne tsaf, amma ya sha jiki, kalarsa ta koɗe. Na dube ta, na dubi ƙawayena shida da suka sha anko da gwaggwaro, sai na ji kunyar a gan mu tare a gidan masu hali. Gaskiyar ke nan, Bashiru, ban taɓa faɗa wa kowa ita haka ƙarara ba sai kwanan nan. Matsin mota ya ba ni abin fakewa. Na ce mata, “Yaya, kin ga mota guda anka samu, ta cika. Ki zauna ki kula muna da gida.”

Ta dube ni kaɗan, ta ce, “To, ba komi. Ku tahi lahiya, Allah shi kai ku.” Ta koma ɗaki ta sauya zane.

Babanka yana bakin zaure yana ɗaure wa jaki mangala. Ka san shi, maganar mata ba ya sa baki, kuma kalmominsa na yini ba su cika tafin hannu ba. Da na zo wucewa ya ce, ba tare da ya ɗago ba, “Kin dai san wadda tag goye ni.” Na yi kamar ban ji ba, na shiga mota. Ga wata shawara a nan, tun da kai ma za ka zama mai gida. In ka ga ana shirin yin abin da bai dace ba a gidanka, kada ka yi jirwaye ka koma gefe. Ka faɗa a fili, da taushi, a lokacin da gyara zai yiwu. Babanka mutumin kirki ne, amma da ya tsaya a gaban motar nan ranar, da na ji haushinsa na kwana biyu na gode masa shekara tara.

Mun isa Anka aka tarbe mu da mutunci, aka shimfiɗa tabarmi, aka kawo ruwa da fura. Aka jera akwatuna a tsakiya. Ina jira a fara buɗewa a fara yabo, sai wata tsohuwa, kakar amarya, ta gyara zama ta bi mu da kallo ɗaya bayan ɗaya. Ta ce, “Ina goggon ango? Ita muka jira ta aza hannu ga akwati.”

Ni ce na buɗe baki na ce ba ta jin daɗi, shi ya sa ba ta samu zuwa ba. Ƙaryar ta fito min sumul kamar na kwana ina shirya ta.

Tsohuwar ta ce, “Allah shi ba ta lahiya. Mu gidan ga in anka kawo kaya, muna son mu ga dangin da ɗiyammu za ta shiga. Kwalliya kam mun gani, dangi muka tambaya.” Ta faɗa tana murmushi, ba da faɗa ba, kuma da ta zage ni da ya fi min sauƙi. Na dubi matan da na kwaso, ba ko ɗaya da ta haɗa jini da ango. A ranar na gane abin da gidan amarya ke dubawa. Akwati kowa na iya cikawa. Su so suke su ga wa zai tsaya wa 'yarsu in rana ta ɓaci, wace tsohuwa za su nema in an samu saɓani, wa ango ke jin nauyi. Gidan su Maryama ma abin da za su duba ke nan, ko sun faɗa ko ba su faɗa ba.

Aka buɗe kaya. Gidan nan ba sa kallon atamfa a naɗe, sai sun warware sun ɗaga. Turmi na uku da aka baza, ga wani farin layi ya ratsa shi daga sama har ƙasa, inda rana ta ci bakin naɗin a shago. Wata ta yi maza ta ninke ta tura ƙasan akwati, ta ɗauko na gaba. Na so ƙasa ta tsage in shige. Abin da ya ƙara min ciwo, Goggo Kulu ba ta sayen ko ƙyalle sai ta warware ta ɗaga shi a rana, ta ja bakinsa ta ji ƙarfinsa. Da na ba ta kayan ta duba a daren da ta iso, da an canza turmin tun da safe.

Saboda haka, duk abin da za ka sa a akwatin Maryama, a warware shi. Atamfa, leshi, mayafi, a ɗaga a rana. Takalmi a tambayi lambar ƙafarta wurin ƙanwarta, kada a yi kirdado. Turare a buɗe a shinshina. Kada ka ji nauyin mai shago, wanda kayansa ke da kyau ba ya ƙin a duba. Kuma gara akwati uku da kowane abu a ciki mai kyau ne da a jera shida ana tura wasu ƙasa. Ɗinkinka ma ka karɓo da sauran mako biyu ka gwada, don na san telanku, in ya ce gobe sai ka tambaye shi goben wane wata.

Ban gama ba, mafi nauyin yana gaba. Ranar walima gidanmu ya cika. Na raba wa ƙawayena wurin zama a rumfa, na bar aikin abinci ba mai shi, kowa na ganin wani zai yi. Shinkafa ta ƙare tun mutanen ƙauye ba su ci ba, direbobin da suka kawo dangin amarya ba wanda ya tuna da su. Wa ya ceci ranar? Goggo Kulu. Ba wanda ya sa ta, ta ɗaura ɗamara ta shiga bayan gida, ta sa aka ɗora tukunyar tuwo, ta kaɗa miyar kuka, ta aika wa direbobi nasu, sannan ta zauna wankin tukwane. Kai ka ba kowane aiki mutum ɗaya da sunansa, wanda in abu ya ɓaci shi za a tambaya. Masu girki da masu tuƙi da waɗanda suka zo daga nesa a fara sallamarsu, na cikin gari ba za su kwana da yunwa ba.

Tana cikin wankin nan ne kakar amarya ta ce a kai ta ta gaida goggon ango. Ba yadda zan yi, ni na raka ta. Muka same ta hannu dumu-dumu da toka, lafiyarta garau. Tsohuwar ta ce, “Sannu Goggo, ya jiki? Ranar lehe anka ce muna ba ki jin daɗi.”

Goggo ta ɗago ta dube ni sau ɗaya, ta mai da ido kan tsohuwar, ta ce, “Da sauƙi, alhamdu lillahi. Na gode da tambaya.” Ta rufa min asiri a gaban surukai, ni da na bar ta a gida don zanenta.

Daga ranar ba ta taɓa tayar min da maganar ba. Muna gaisawa, tana aiko da daddawa da man shanu, in an yi haihuwa ta zo barka. Amma ka tuna da kyau, ka taɓa ganin ta kwana a gidanmu tun daga lokacin? Da azahar take cewa a nemo mata mai mashin. Ku kuna cewa Goggo ba ta son zaman gari, ni kuwa na san dalili. Da rashin kwanciyar hankali ya tashe su daga ƙauye, babanka ya gyara mata ɗaki a nan, ta ce ta gode, ta wuce Anka wurin 'yarta Luba. Babanka kuwa har yau bai bari an zuba ko buhu a ɗakin ba. Ni kuma kullum ina cewa zan je in ba ta haƙuri, kullum ina ɗagawa. In ka yi wa mutum laifi, Bashiru, ko matarka ce, ka ba da haƙuri a makon. Yana daɗewa yana ƙara nauyi a baki.

Maganarka ta kati ce ta tashe ni. Ranar Talatar da ta wuce na shiga motar safe na tafi Anka. Na same ta a tsakar gidan Luba tana ɓarar gyaɗa, ta rame kaɗan amma idonta da bakinta suna nan yadda ka san su. Na durƙusa na faɗa mata duka, har zancen zanen ban rage ba. Ina magana ina hawaye, ita kuwa ba ta daina ɓarar gyaɗarta ba. Da na gama sai ta yi dariya ta ce, “Hadiza, sai yanzu? Ni na yahe tun ranar. Ciwon da kinka aza mani ɗai na ban warke ba, don har yau ban san ina ka yi mani ciwo ba.” Muka yi dariya har Luba ta leƙo daga ɗaki. Rabon da in ji sanyi a raina irin na ranar na manta.

Da muka ci abinci na ce mata ina so ta ja gaban lefenka zuwa Gummi. Ta karkaɗe zanenta, sannan ta ce, “Ke ka so, ko shi yaron?”

Ban iya yi mata ƙarya ba. Na ce ni ce.

Ta ce, “To ki bari. Ba ni son a ɗauke ni don a wanke kunya. Bashiru ya san hanyar Anka. In shi ka so, shi zaka da bakinai shi ce Goggo taho, ko bisa mashin sai na tahi.”

Ka ga ke nan abin ya fita daga hannuna. Zancen kati ban gaya mata ba, kuma ba zan gaya mata ba, wannan tsakanina da kai ne. Na san ba raini ne ya sa ka ba, tausayin tsufanta ka ji, kuma kun saba komai a waya. Amma kati na abokan aiki ne. Matar da ta goyi ubanka ba a nuna mata hoto a wayar 'yarta. Tsufan ma bar mata ita ta faɗa, in ta ce ba za ta iya ba ka yi naka. In ta yarda, kujerar gaba tata ce, ko da za a rage mutum biyu cikin masu anko. Kada ka saya mata sabon zane don ranar sai in ita ta nuna tana so, ta sa abin da ta ga dama. Ka kai mata akwatunan ta duba kafin a rufe, kuma duk abin da ta ce a canza a canza.

Ban yi mata alkawarin za ka zo ba, don ban san zuciyarka ba sai abin da nake zato. Sai dai da ta rako ni bakin ƙofa, ta tambaye ni, kamar abin bai dame ta ba, wai su malaman makaranta wace rana ce ba su aiki. Na ce Asabar da Lahadi. Jiya Asabar Luba ta kira ni, ta ce tun da hantsi Goggo ta sa an share tsakar gida, ta dama fura da hannunta ta rufe, ta zauna tana fuskantar ƙofa har la'asar. Ba ta ce don wa ba. Asabar biyu suka rage kafin lefe.

Allah ya yi maka albarka, ya sa Maryama ta zama sanyin idonka kai ma ka zama nata. Allah ya sa a yi taro lafiya a watse lafiya, ya tsare duk wanda zai hau hanya saboda ku, ya kai ka Anka lafiya ya mai da kai Gummi lafiya. Ka tashi da wuri, kada furar ta sake kwana.

Wassalam.
Innarka.